Glenda Jackson: Yadda 'Yar Birkila Ta Ci Oscar Biyu, Sannan Ta Jingine Fim Ta Tafi Majalisa

A ranar 9 ga Afrilun 1992 aka yi babban zaɓe a Birtaniya, kuma a cikin waɗanda suka yi nasara a ranar akwai wata mace mai shekara 55 wadda ta ƙwace mazaɓar Hampstead da Highgate, a arewacin Landan, daga hannun jam'iyyar masu ra'ayin riƙau da ratar ƙuri'a 1,440. Sunanta Glenda Jackson. Kafin wannan rana duniya ta san ta ne a matsayin 'yar wasan kwaikwayo da ta ci Oscar har sau biyu, wato lambar yabo mafi daraja a harkar fim ta Amurka, amma daga ranar ta jingine sana'ar gaba ɗaya, ba ta waiwaye ta ba sai bayan shekara 23 a majalisa. Masu ba da tarihinta sukan kasa shi gida uku, su ce ga tauraruwa, ga 'yar siyasa, ga kuma dattijuwar da ta dawo dandamali tana da shekara 80, sannan su yi ta mamakin abin da zai sa mutum ya bar irin wannan ɗaukaka ya koma sauraron koke-koken jama'a a kan gidajen haya da motocin sufuri. A ganina mamakin yana raguwa ƙwarai idan aka duba yadda Birtaniya ta bayan yaƙin duniya na biyu take samar da 'yan wasa, da wanda yake biyan kuɗin hakan, da kuma abin da ya sami wannan tsari a shekarun 1980.

An haife ta ranar 9 ga Mayun 1936 a Birkenhead, garin tashar jiragen ruwa da ke tsallaken kogin Mersey daga Liverpool, ta kuma tashi a Hoylake, wani ƙaramin gari na bakin teku da ke kusa da nan. Mahaifinta birkila ne, mahaifiyarta tana aikatau da tsaron kanti, ita ce kuma babba a cikin 'ya'ya mata huɗu. A Ingila ta wancan zamani irin wannan asali yakan yanke wa yarinya makomarta tun ba ta yi wayo ba, domin abin da aka saba shi ne ta bar makaranta tana da shekara 14, ta shiga masana'anta ko kanti, daga nan sai aure. Abin da ya sauya lissafin shi ne dokar ilimi ta 1944, wadda ta mayar da karatun sakandare kyauta, kuma a ƙarƙashinta ake yi wa yara jarrabawa a shekara 11 domin zaɓen waɗanda za su shiga makarantu masu zurfin karatu. Glenda ta sami shiga makarantar 'yan mata ta West Kirby, sai dai ba ta yi abin a zo a gani a can ba. Ta fita tana da shekara 16 da sakamako mai rauni, ta kama aiki a kantin sayar da magunguna na Boots, inda ta yi shekara biyu, tana zuwa wata ƙungiyar masu wasan kwaikwayo don nishaɗi idan ta tashi daga aiki.

A 1954 ta sami gurbi a RADA, makarantar koyon wasan kwaikwayo mafi suna a Landan, wadda aka kafa tun 1904. Gidansu ba shi da halin biyan kuɗin makarantar, balle na zama a Landan, saboda haka hukumar ilimi ta gundumar Cheshire ce ta ɗauki nauyinta. Wannan batu yana da muhimmanci fiye da yadda ake ɗauka, domin ba ita kaɗai ce ta ci moriyarsa ba. A cikin shekarun nan ne 'ya'yan talakawan arewacin Ingila irin su Albert Finney na Salford da Tom Courtenay na Hull suka bi ta wannan makaranta, suka kuma shigo da fuskoki da karin harshen da a da ba a jin su a dandamali sai a bakin bara ko ɗan aike.

Amma makarantar gaskiya tana gaba. A wancan lokaci kusan kowane gari mai ɗan girma a Birtaniya yana da gidan wasa da ke riƙe da 'yan wasansa na dindindin, waɗanda suke nuna sabon wasa duk mako ko duk mako biyu. Ɗan wasa zai yi gwajin wasan mako mai zuwa da safe, ya haddace kalmominsa da rana, da dare kuma ya hau dandamali ya yi na wannan makon a gaban mutanen da suka biya kuɗinsu, waɗanda ba su da dalilin yi masa kara idan ya kasa. Albashin ɗan kaɗan ne, kuma sabon shiga shi ne mai share dandamali, shi ne mai jera kujeru da kayan wasa, shi ne mai tuna wa manya kalmar da suka manta. Wanda ya yi shekara biyu ko uku a haka ya riga ya fito a matsayin tsohuwa da budurwa da sarauniya da 'yar aiki, ya kuma koyi jefa murya ta kai layin ƙarshe na 'yan kallo ba tare da lasifika ba. Duk wanda ya taɓa tambayar kansa dalilin da ya sa tsofaffin 'yan wasan Birtaniya suke da wata irin natsuwa da ƙwarewar furuci a gaban kyamara, to a waɗannan gidaje amsar take. Glenda ta fara a cikinsu a 1957, ta kuma ɗanɗani ɗacinsu, domin talabijin ta riga ta fara janye 'yan kallo, gidajen suna rufewa ɗaya bayan ɗaya. Ta yi sama da shekara biyu ba ta sami rawa ko ɗaya ba, tana raba abinci a gidan shayi, tana tsaron kanti, tana amsa waya a ofis. Ita da kanta ta sha ba da labarin cewa tun a RADA aka gaya mata kada ta sa ran samun aiki sosai kafin ta kai shekara 40, domin ba ta da irin fuskar da ake ba wa rawar budurwar da ake so.

Wanda ya buɗe mata ƙofa shi ne darakta Peter Brook na kamfanin Royal Shakespeare, kamfanin da yake samun tallafin gwamnati ta hannun majalisar raya fasaha da aka kafa a 1946. Amfanin tallafin shi ne kamfani yana iya tara 'yan wasa kaɗan su yi makonni suna gwaje-gwaje ba tare da tunanin cinikin tikiti ba, kuma a irin wannan rukuni Brook ya saka ta. Daga nan aka sami wasan Marat/Sade na 1964, wanda marubucin Jamus Peter Weiss ya rubuta, inda majinyatan wani gidan masu taɓin hankali na Faransa suke kwaikwayon kisan Marat, ɗaya daga cikin jagororin juyin juya halin ƙasar, wanda Charlotte Corday ta daɓa wa wuƙa a 1793. Glenda ta fito a matsayin majinyaciya mai ciwon barci wadda aka ba rawar Corday, tana tangaɗi tsakanin gyangyaɗi da kisan kai. Wasan ya tafi New York a 1965, aka kuma mayar da shi fim a 1967. A 1966 ta sake aiki da Brook a wani wasa da aka shirya musamman domin nuna adawa da yaƙin Vietnam, abin da ke nuna cewa siyasarta ta girmi shahararta, kuma dama tun tana budurwa take cikin jam'iyyar Leba.

Shigarta fim ta zo daidai da lokacin da manyan kamfanonin Amurka suke zuba kuɗi a Landan, har ya zama mafi yawan finafinan da ake kira na Birtaniya a ƙarshen shekarun 1960 da dalar Amurka aka yi su. A 1969 Ken Russell ya ba ta rawar Gudrun a fim ɗin Women in Love, wanda aka ciro daga littafin D. H. Lawrence, kuma da shi ta ci Oscar ta farko a 1971. Finafinan Russell suna da fitar tsiraici wadda ta jawo ce-ce-ku-ce a lokacin, kuma jaridu sun fi mayar da hankali a kan haka, amma abin da ya dawwama daga aikinta wani abu ne dabam. Ta kawo wa allon silima macen da ba ta neman ɗan kallo ya so ta, mace mai kaifin tunani wadda ake ganin lissafi yana gudana a idonta kafin ta buɗe baki, da murya mai kauri wadda take fitar da kowane harafi sarai. A zamanin da aka saba ganin jaruma a matsayin ladan da jarumi zai samu a ƙarshen labari, wannan sabon abu ne, kuma ina ganin shi ne babban gadon da ta bar wa matan da suka biyo bayanta a sana'ar.

Shekarar 1971 ita ce ƙololuwa. Ta fito a fim ɗin Sunday Bloody Sunday na John Schlesinger, wanda ya kawo mata BAFTA, lambar yabon fim ta Birtaniya, a 1972, sannan BBC, wadda masu sauraron Hausa suka fi sani ta rediyo, ta nuna shirin Elizabeth R a talabijin, kashi shida, kowanne kusan awa ɗaya da rabi. A nan ma kuɗin jama'a ne ya yi aiki, domin a cikin gida BBC ba ta sa talla, tana rayuwa ne da kuɗin lasisi da kowane gida mai talabijin yake biya, shi ya sa take iya kashe kusan awa tara a kan tarihin sarauniya Elizabeth ta ɗaya, wadda ta yi mulki daga 1558 zuwa 1603. Glenda ta ɗauki sarauniyar tun tana gimbiyar da ke tsoron a fille mata kai har ta zama tsohuwa mai fuska shafe da farar hoda, ta kuma aske gashin gaban kanta domin goshinta ya yi daidai da na hotunan sarauniyar. Shirin ya kawo mata Emmy biyu, wato lambar yabon shirye-shiryen talabijin ta Amurka. A shekarar dai ta fito a shirin barkwanci na Morecambe da Wise a matsayin Cleopatra, ta bari aka yi ta wasa da girmanta, kuma wannan fitowa ce ta sa darakta Melvin Frank ya gane tana iya ban dariya. Ya ba ta rawa a fim ɗin A Touch of Class tare da George Segal, wanda ya kawo mata Oscar ta biyu a 1974. Duka bukukuwan biyu ba ta halarta ba, kuma gumakan zinaren gidan mahaifiyarta ta kai su.

Daga tsakiyar shekarun 1970 abubuwa biyu suka haɗu mata. Na farko, harkar fim ta Birtaniya ta durƙushe bayan Amurkawa sun janye kuɗinsu, masu shiga silima kuma suka ragu daga tikiti kusan biliyan 1.6 a 1946 zuwa miliyan 54 a 1984. Na biyu, ta shiga shekarun da marubuta ba sa rubuta wa mace babbar rawa, lamarin da ta yi ta kuka da shi har ƙarshen rayuwarta, tana cewa har yanzu namiji ake ɗauka a matsayin injin labari, mace kuma 'yar rakiya. Ta ci gaba da aiki, musamman a dandamali, ta yi finafinan barkwanci biyu da Walter Matthau waɗanda suka yi kasuwa, amma ba daidai ba ne a ce ta bar fim tana kan ganiyarta kamar yadda wasu suke faɗa. Abin da ta bari ya riga ya ragu.

Sai dai wannan rabin bayani ne, sauran rabin kuma shi ne Margaret Thatcher, wadda ta zama firaminista a 1979. A ƙarƙashinta masana'antu da ma'adinan kwal na arewacin Ingila suka yi ta rufewa, rashin aiki ya yi katutu a yankin Liverpool, aka karya yajin aikin masu haƙar kwal na 1984 zuwa 1985, aka taƙaita kuɗin da ƙananan hukumomi suke iya tarawa, aka rushe majalisar birnin Landan a 1986, aka kuma soke harajin tikiti da ake mayar wa masu shirya fim a 1985. Magoya bayan Thatcher suna cewa ta ceto ƙasar daga hauhawar farashi da yajin aikin da suka addabe ta a shekarun 1970, kuma hujjarsu ba ta banza ba ce. Amma ga macen da gunduma ta biya mata kuɗin makaranta, kamfanin da ke cin tallafin gwamnati ya fito da ita, tashar jama'a ta shigar da ita kowane gida, abin da take gani shi ne ana sassare tsanin da ta taka ta hau. Ta sha ambaton furucin Thatcher na 1987 cewa babu wani abu wai shi al'umma, sai ɗaiɗaikun maza da mata da iyalai, a matsayin abin da ya fi harzuƙa ta. Kafin Glenda ta kai ga majalisa jam'iyyar masu ra'ayin riƙau ta riga ta sauke Thatcher a 1990, kuma Leba ta sake faɗuwa a zaɓen 1992, saboda haka shekara biyar ɗin farko a ɓangaren adawa ta yi su, tana ɗaya daga cikin mata 60 kacal a majalisar wakilai mai kujeru 651.

A nan ya kamata a faɗi gaskiya game da aikinta na siyasa, domin bai kai na fim ba. Da Tony Blair ya ci zaɓe a 1997 ya naɗa ta ƙaramar minista mai kula da sufurin Landan, ta riƙe muƙamin har 1999, sannan ta sauka domin neman tikitin Leba na takarar magajin garin Landan, ta zo ta uku bayan Frank Dobson da Ken Livingstone. Ba ta taɓa shiga majalisar ministoci ba, kuma babu wata babbar doka da ake jingina wa sunanta. Akwai ma wani abu mai nauyi da bai kamata a tsallake ba, wato gwamnatin da take ciki ce ta kawo kuɗin makaranta na fam 1,000 a jami'o'i a 1998, ta kuma soke tallafin abinci da masauki na ɗalibai, kuma a tsarin Birtaniya minista ko dai ya goyi bayan gwamnati ko ya ajiye aiki. Kuɗin ya haura zuwa fam 9,000 a 2012, kuma 'yan wasa irin su Julie Walters sun fito fili sun ce da yanzu suke tasowa da ba za su iya shiga sana'ar ba. Glenda ba ta iya tare wannan ba, wani ɓangarensa ma a gabanta aka yi.

Inda ta yi amfani shi ne bayan ta koma kujerun baya, inda wakili ba shi da muƙamin da zai ji tsoron rasawa. Ta yi adawa da yaƙin Iraƙi na 2003, ta nemi Blair ya sauka tun lokacin da faɗin haka yake jawo baƙin jini a cikin jam'iyya, ta kuma riƙe aikin mazaɓa, wanda a Birtaniya yana nufin wakili ya zauna a ɗaki a ranakun da aka ware, mutane su shigo ɗaya bayan ɗaya da matsalar gida, ko takardar zama, ko kuɗin tallafin da aka yanke musu. Mutanen mazaɓar sun mayar da ita sau huɗu, na ƙarshe a 2010 da ratar ƙuri'a 42 kacal, bayan an sake shata iyakar mazaɓar ta zama Hampstead da Kilburn.

Jawabin da aka fi tunawa da ita a kansa ta yi shi ne ranar 10 ga Afrilun 2013, lokacin da aka kira zaman majalisa na musamman domin jinjina wa Thatcher kwana biyu bayan mutuwarta. Wakilan Leba da yawa ƙin zuwa suka yi. Ita ta zo, ta miƙe ba takarda a hannunta, ta ce aƙidar Thatcher ta yi wa ƙasar mummunar ɓarna a zamantakewa da tattalin arziki da ruhi, ta tuna musu da makarantun da ake liƙe littattafansu da salatif, da mutanen da suke kwana a ƙofar kantuna, ta kuma ce abubuwan da aka koya mata cewa aibi ne, irin su haɗama da son kai da rashin tausayin mai rauni, an mayar da su abin yabo. 'Yan ɗaya ɓangaren suka yi ta ihu, muryar da aka horar a gidajen wasa ta haye kansu, kakakin majalisa John Bercow kuma ya yanke hukuncin cewa ba ta saɓa wa ƙa'ida ba. Ta rufe da cewa mata ne suka rene ta a lokacin da maza suka tafi yaƙi, kuma a ma'auninta Thatcher ba ta cika mace ba. Wannan jimla ta ƙarshe ina ganin ta wuce gona da iri, domin ta sa macen da ta yi rayuwarta tana yaƙi da masu ƙayyade wa mata yadda za su kasance ta yi wa wata macen haka. Sauran jawabin kuwa ya cancanci a ji shi a wannan zaure, ko da a ranar makoki ne, tunda zaman na auna mulki ne ba na jana'iza ba.

Ta bar majalisa a 2015, ta fara da wasan rediyo a BBC, sannan a 2016 ta hau dandamalin Old Vic na Landan, bayan shekara 25 rabonta da dandamali, a matsayin Sarki Lear na Shakespeare, ƙarƙashin darakta Deborah Warner. Labarin tsohon sarki ne da ya raba ƙasarsa tsakanin 'ya'yansa mata gwargwadon daɗin bakinsu, ya kori wadda ta gaya masa gaskiya, sauran biyun suka wulaƙanta shi har hankalinsa ya gushe a cikin hadari. Rawa ce da ake ɗauka a matsayin gwaji na ƙarshe ga manyan 'yan wasa maza, kuma wasan yana wuce awa uku. Ba a mayar da sarkin sarauniya ba, ta yi shi a matsayin sarki, tana cewa idan mutum ya tsufa sosai bambancin namiji da mace yakan fara dusashewa. Cewa mai shekara 80 ta iya ɗaukar wannan nauyi dare bayan dare, bayan rabin ƙarni da barin ƙananan gidajen wasa, shi ne shaida mafi ƙarfi a kan ingancin horon da ta samu a cikinsu. A 2018 ta ci Tony, lambar yabon wasan dandamali ta Amurka, a New York da wasan Three Tall Women na Edward Albee, ta shiga cikin ƙalilan ɗin da suka haɗa Oscar da Emmy da Tony.

A 2019 ta koma talabijin a fim ɗin BBC mai suna Elizabeth Is Missing, inda ta fito a matsayin Maud, tsohuwar da cutar mantuwa take cin ƙwaƙwalwarta alhali tana neman ƙawarta da ta ɓace. Ta ce ta karɓi rawar ne domin a sa gwamnati ta dubi yadda ake kula da tsofaffi, batun da ta saba gani a ɗakin sauraron koke na mazaɓarta, kuma aikin ya kawo mata wata BAFTA a 2020. Fim ɗinta na ƙarshe shi ne The Great Escaper, labarin gaskiya na wani tsohon soja da ya sulale daga gidan kula da tsofaffi a 2014 domin halartar bikin cika shekara 70 da saukar sojojin ƙawance a Normandy ta Faransa lokacin yaƙin duniya na biyu. Ta fito a matsayin matarsa, Michael Caine kuma a matsayin sojan, shi ma ɗan talakawa ne wanda mahaifinsa ɗan dako ne a kasuwar kifi ta Landan, shi ma kuma ta waɗancan ƙananan gidajen wasa ya biyo. Ta mutu a gidanta da ke Blackheath a Landan ranar 15 ga Yunin 2023 tana da shekara 87, bayan gajeriyar rashin lafiya. An saki fim ɗin a watan Oktoba na shekarar, Caine kuma, wanda ya cika shekara 90, ya sanar da cewa ya yi ritaya daga fim.